Ranar da Na Ga Inna Tana Cin Abinci

Sai da na haura shekara talatin kafin in ga mahaifiyata ta kai loma baki, alhali a gida ɗaya na tashi da ita. Bafulatana ce daga wata ruga a bayan Sule Tankarkar, babana kuma Bahaushe mai sayar da hatsi a kasuwar Gumel. Ita ke tuƙa tuwo, ita ke rabawa. In kowa ya karɓi nasa, sai ta ɗauki kwanonta ta shige ɗaki ta saki labule. Ni ce 'yar fari, ko sunana ba ta faɗa, balle ta ci a gabana.

A wurin Inna, nuna yunwa abin kunya ne. In za mu gidan biki, tun a hanya take ja mini kunne: "Loma uku, ki tsame hannu. Kada a ce daga gidan yunwa kika fito."

Dangin babana ba haka suke ba. Gwaggona, yayarsa, mace ce mai jiki, kuma tana taƙama da shi. Duk zuwanta daga Maigatari sai ta kama damtsena ta jijjiga.

"Wannan yarinya kamar sillen kara! Wa zai kalle ta? Ai sai a ce ƙanena ba ya ciyar da iyalinsa."

Ta dama fura mai kauri, ta tsare ni har sai na shanye. Sai bayan ta tafi Inna take cewa ƙasa-ƙasa, "Mace kamar randa, ina kyan yake?"

Haka na girma a tsakaninsu. In na ci, sai in ji kamar Inna na kallona. In na bari, muryar Gwaggo ta dame ni. Ko da na fara koyarwa a wata firamare a Gagarawa, ban iya cin komai a ofishin malamai ba. Lokacin tara a sayo awara ko ɗanwake, a ce bismilla, in ce na ƙoshi, cikina kuwa yana ƙugi. Da ciwo ya matsa mini, likita ya ce gyambon ciki ne.

Wata damina zazzaɓi mai tsanani ya kwantar da Inna, aka ba ta gado a asibiti a Gumel, ni ce mai jinya. Ɗakin cike yake da marasa lafiya da 'yan dubiya. Ma'aikaciyar jinya ta ce lallai ta ci wani abu kafin ta sha magani, amma kwana biyu duk abin da na kawo sai ta juya fuska bango.

"Ba na jin yunwa," in ji ta.

Ma'aikaciyar ta ɗauka ciwon ne ya kashe mata baki. Ni na san ba shi ba ne, don ni ma da wannan maganar nake kare kaina. Na ciro zannuwa biyu daga jaka, na ɗaura su daga ƙarfen taga zuwa sandar ƙarin ruwa, suka kare gadon. Na ajiye mata kunun gyaɗa da ludayi, na juya zan fita. Sai na ji ludayin ya faɗi ƙasa. Hannunta ya kasa ɗauka.

"Ke," ta ce, "dawo."

Na ɗauraye ludayin, na zauna a bakin gado na fara ba ta. Ta runtse ido tana haɗiya, ni ma na sunkuyar da kai, kamar muna aikata laifi. Da ta sha kusan rabi, sai ta yi magana ba tare da ta dube ni ba.

"Shekarar da ruwa ya ƙi a rugarmu, kakarki kullum takan shiga bukka da ƙwarya ta ce za ta ci nata. Sai da na yi wayo na gane ba komai a ƙwaryar. Mu take bar wa."

Na tuna shekarun da kasuwa ta juya wa babana baya, muna cin tuwo sau ɗaya a yini.

"Inna, ke ma haka kika riƙa yi?"

"Kunun nan zai huce," ta ce. "Sha ragowar."

Na shanye a gabanta. Bayan mako guda aka sallame ta, ba mu sake tayar da zancen ba har ta rasu.

Yanzu 'ya'yana mata biyu ne, a faranti ɗaya muke ci da su. Kwanan nan ƙaramar ta fara ture tuwo, wai ta yi ƙiba, tana nuna mini hotunan wasu 'yan mata a waya. Faɗa ya zo mini har baki, na haɗiye shi. Na dai matsa kusa da ita, na tambaye ta wa ya ce mata haka. Sai ta fara ba ni labari.