Tagar Visitación

Tsofaffin da suka zo kallon sabon fim ɗin duk baƙaƙen kayan zuwa jana'iza suka saka, kuma babu wanda ya lura sai Visitación mai sayar da tikiti. Tun tana budurwa take zaune bayan gilashin nan a wani gidan silima na unguwar Carabanchel, har ta fi sanin mutane ta hannuwansu. Waɗannan hannuwan a ɓoye suke turo kuɗi. Mutum zai waiga hagu da dama, ya sunkuyo, ya nemi tikiti cikin raɗa kamar mai sayen kayan sata.

Franco, mai mulkin kama-karyar da ya ci yaƙin basasar ƙasar, ya mutu, amma tsoro bai bi shi kabari ba. Fim ɗin labarin waɗanda aka ci da yaƙin basasa ne, irin mahaifinta, da aka tafi da shi tana ƙarama, har yau ba a nuna musu inda aka binne shi ba. A gidansu sai an rufe taga ake ambaton sunansa.

Ranar Asabar da rana wasu samari masu shuɗiyar riga, magoya bayan Franco, suka fasa gilashin da bulo, suka ce gobe wuta za su kawo. Don Eulogio, mai gidan, ya sauko yana share gumi, ya ce a cire fim ɗin a sa na barkwanci, shi ba zai rasa gininsa saboda matattu ba.

"Don Eulogio, tun ƙuruciyata ake ba mu barkwanci. Haƙarƙarina ya gaji da dariya."

Ya ce ta girma ba ta yi hankali ba. Ta ce shi kuwa hankalin ne ya cinye masa gashin kai. In zai cire, to ya zo ya zauna a kujerarta ya faɗa wa mutanen nan da bakinsa. Ya leƙa layin, ya ga ya kai har ƙofar mai burodi, ya koma sama, ya bar fim ɗin yadda yake.

Na farko a layin wani dattijo ne riƙe da hularsa. Ya sunkuyo zai yi raɗa.

"Baba, ɗaga murya, yau ko gilashin babu. Fim ɗinmu kake so?"

Ya miƙe ya gyara wuyan rigarsa. "Biyu. Ni da matata."

Har na bayan layi suka ji shi.

Da aka kashe fitilu a ciki, Visitación ta share tarkacen gilashin, ta kwance ƙunshin burodinta da wainar ƙwai da dankali, ta ci a tsaye.