Kada Ku Yanke Wutsiyar Kaset

Shekara goma ke nan da rasuwar ƙanwata Rabi mai bidiyo a nan Jidda. Da tana raye ba zan taɓa alƙalami a kanta ba, ni da sai da furfura ta fito min na shiga aji. Amma ana yi mata ɓarna, ba zan yi shiru ba.

Sana'arta ɗaukar biki a ɓangaren mata, inda namiji ba ya shiga. Wata rana muka ga wani fim a talabijin: tsofaffin mutanen Sifaniya da yaƙi ya kora, suka tsufa a ƙasar wasu, suna faɗin yadda suka haye duwatsu da ƙafa. Rabi ta ce, "Yaya, ashe Turawa ma suna da takari irinmu? Su an tambaye su. Namu fa?"

Daga nan, idan an gama rawa kaset ya yi saura, sai ta ja wata tsohuwa gefe: "Inna, ya kuka zo?" Mai iƙama, wato takardar izinin zama, ta kalli kyamara. Marar ita a ɗauki hannayenta kawai, kada fuska ta jawo mata kamu. Haka labarin hanyar Chadi, da tsinkar auduga a Sudan, da kwale-kwalen Bahar Maliya ya warwatsu a gidajen unguwarmu Hindawiyya, kowanne a wutsiyar bikin wasu.

Yanzu mutanenmu sun koma unguwar Safa, ana kai tsofaffin kaset shago a juye su a faifai. Na raka maƙwabciyata, da idona na ga mai shagon ya tsayar da na'ura daidai inda kiɗa ya tsaya. "Halas, ya Hajja, biki ya ƙare." Na ce masa, "Kai ka ɗauka? Sake shi ya tafi!" Sai ga hannayen kakar maƙwabciyar tawa.

Me Rabi za ta ce yau, da kowa ke da kyamara a waya? Ana ɗaukar kwanon abinci, tsohuwa na zaune ba mai tambayarta. Na san ta, dariya za ta yi, sannan ta ƙwace wayar.

Ba ta bar ɗa ba, sunanta ba ya jikin kaset ko ɗaya. Muryarta ce ta rage, daga bayan kyamara: "Sai kuma me, Inna?" Allah Ya jiƙanta.

Tamu innar tana ƙarshen bikin Saude, 'yar mai ƙosai, wadda aka mayar gida da kaset ɗinta a jaka. Ban san garin da take ba. Saude, idan wannan ya iske ki: in kiɗa ya tsaya, allo ya yi yayyafi, kada ki kashe. Ki ɗan jira. Hannu ne mai zoben azurfa. Uwata ce za ta yi magana.