Darar Yaya a Cikin Kwamfutata

Ni ba na son a ce min abu ba zai yiwu ba. A gida kowa ya san ni da wannan taurin kan, kuma sau ɗaya dai ya yi rana.

Babanmu gwanin dara ne. A gindin darbejiyar ƙofar gidanmu a Gumel, tun daga Gagarawa ake zuwa a zuba da shi, a koma da kunya. Yayana da nake bi, lokacin yana karatun kwamfuta, ya haɗa masa wasan dara a waya, irin wayoyin nan masu madannai da suka fara ɗaukar manhaja. Don tsokana ya naɗi muryarsa ya saka a ciki. In waya ta cinye ka, sai ka ji shi yana dariya yana cewa, "Baba, yau an kama ku. A sake zubawa?" In kai ka ci, shiru kake ji. Baba kuwa ba a cin sa, don haka da wuya a ji muryar.

Yaya ya rasu bayan 'yar gajeriyar jinya. Da tafiya ta yi nisa wayar ma ta mutu. Na kai ta wajen masu gyara a kasuwar Maigatari, har da wani ɗan Damagaram da ake ta yabo. Ya jujjuya ta, ya ce an daina kawo kayanta. Memori kawai na tsira da shi. Wasan yana ciki, amma duk sabuwar wayar da na sa wa sai ta ƙi buɗe shi, muryar kuma ba ta fita ita kaɗai. Baba kuwa ya daina fita gindin darbejiya, yana yawo da matacciyar waya a aljihu. Abin ya ci min rai, don ba mu da muryar Yaya a ko'ina sai can.

A wajen bincike na gano akwai manhajar da ke sa kwamfuta ta rikiɗe ta zama tsohuwar waya, da tsarinta na da, har madannai a kan allo. Wai emuleta. Na sauke ta, ta ce sai na kawo mata kwafin ƙwaƙwalwar irin wayar. Na kawo wani, ta tofar. Na kawo wani, allo ya yi fari fat ya tsaya. Maigidana in ya wuce sai ya ce, "Sannu da aiki, Injiniya." Ko kallonsa ba na yi. Ga sabis yana zuwa yana tafiya, ga wuta a ɗauke, tuwo ma ya sha ƙonewa a kan wannan aiki.

Wata Asabar da hantsi sai ga ramukan dara a allona, a karkace yadda Yaya ya zana su. Wallahi na ji kaina ya yi girma. Ni, da hannuna.

Na suri kwamfuta sai gida. Na ce, "Baba, ku zo ku zuba." Ya daɗe yana kallon allon kafin ya gyara zama. Yana nunawa da yatsa, ina dannawa. Can sai ga ci a fili, ɗa ɗaya zai matsar ya jera uku. Sai ya nuna wani ramin daban.

Na ce, "Haba Baba, ga ci nan fa."

Ya ce, "Uwata, danna inda na nuna."

Na danna. Haka ya yi ta ba da 'ya'yansa har aka cinye shi tas. Dariyar Yaya ta cika ɗakin, muryarsa ta tambaye shi ko a sake zubawa.

Baba ya share fuska da hannun riga, ya ce, "A sake, ɗana."

Ya koma gindin darbejiya yana lallasa mutanen gari kamar da. Amma har yau bai taɓa cin kwamfutata ba, ni kuma ban ƙara nuna masa ci ba.