Ghali Mai Takalman Hagu

Ranar da gam ya manna wa Ghali takalmin mata mai tsini a bayan wando, sai da ya ratsa kasuwar Canaan kaf kafin wani bawan Allah ɗan Maraɗi ya faɗa masa. Ni na gani tun a ƙofa, amma na ce kada in tsoma baki a aikin masu fasaha.

Maƙwabcina ne a unguwar Sanyuanli, can ƙasar Sin, bango ɗaya ya raba mu. Yayansa Alhaji Babayo ne ya turo shi daga Kano ya riƙa sayo masa takalma a kasuwar Zhanxi Lu. To, masu shaguna ƙafar hagu kawai suke ajiyewa ta nuni, in yayi ya wuce su zubar. Ghali ya shiga tsintarsu. Ya yanka, ya babbaka, ya watsa musu fenti da tsintsiya, ya yi ta liƙawa har suka taɓo silin. Fuska dai ba ya yi, wai kada a ce gunki ne. In na tambaye shi mene ne wannan, sai ya ce, "Kai me ka gani?" Bola na gani, Allah ya sani.

Sai ga wata 'yar Sin mai ɗakin baje zane ta ce tana son aikin, za ta zo ta duba, za ma ta tsaya masa kan biza, don tasa saura ƙiris. A makon ne Alhaji ya sauka don kasuwar baje koli ta Pazhou. Ya ce Ghali ya ba shi fasfo ya duba, ya zura shi a aljihu.

"Jibi jirgi. Inna ta ce in taho da kai."

Ranar da matar za ta zo, ina daga bakin ƙofa. Alhaji ya zagaya tsibin nan, idon ɗan kasuwa ya motsa. Ya kama wani baƙin takalmi ya fizga. Abin ya yi ƙara, ya karkata.

"Yaya, kada ka taɓa."

"Fata ce mai kyau. Ina ɗan'uwansa?"

"Babu."

Ya sake fizgo wani. Ghali ya tare tsibin da kafaɗa, gumi na zuba, ga takun matar a matakala.

Alhaji ya ce, "Kai ko kunya ba ka ji? Takalmi ƙafa ɗaya, uban wa zai saka?"

Ghali ya miƙa masa hannu ɗaya, kafaɗarsa na tokare da tsibin.

"Yaya, naka ƙafa bibbiyu ne, amma a ruwan farko suke buɗe baki. Ni dai ban taɓa ce wa kowa ya saka nawa ba. Ba ni fasfona, ina da baƙuwa."