Sulaimanu da Dangin Kurminsa

Sulaimanu mutumin Tanout ne, can gaba da Damagaram, inda in ka ga itace uku tsaye wuri guda, to wani ne ke ba su ruwa. Ya yi shekara goma sha tara a bakin Canal Street, wani titin kasuwa can ƙasar Turawa, yana shimfiɗa tabarau da jakunkuna. 'Yan sanda su taso, ya naɗe kaya ya ruga. Gwiwa ta soma ƙin gudun. Burinsa a duniya bai wuce teburi ɗaya a cikin shago ba, inda ba sanyi, ba kora.

Ran nan ya ga an nuno wasu mutane a talabijin, an ɗauko hotonsu daga jirgin sama a tsakiyar kurmin Amazon, jikinsu shafe da ja, sun ɗana baka suna auna jirgin. Aka ce ba su taɓa cuɗanya da kowa ba, ba kuma sa so. Mai hankali sai ya ce Allah sarki, ya wuce. Sulaimanu kuwa jari ya gani. Ya saro sarƙoƙin 'ya'yan itace wurin wani ɗan Caina, ya jiƙa su a ruwan shayi don su yi kamar sun tsufa, ya riƙa gaya wa 'yan yawon buɗe ido wai kakarsa 'yar wata ƙabilar kurmi ce a Afirka, wadda ko gwamnati ba ta san da ita ba.

Matarsa Habsatou ta ce, "Malam, wane kurmin? Ni fa na ga kakarka da idona, awaki take kiwo."

"Ke ba ki san kasuwa ba."

"Na dai san ƙarya."

Su kuma Turawan nan, da an ce daji sai su ajiye wayonsu a gida. Wata mai shagon sabulu da turare a unguwar Brooklyn ta saya, ta dawo, ta ce za ta ba shi teburi kusa da ƙofa. Sharaɗinta ɗaya: ran Asabar ya zo ya ba kwastomominta labarin danginsa.

Ya tuɓe hula, ya rataya sarƙa bakwai a wuya, ƙato da furfura. Habsatou ta bi shi, wai don kada a ba ta labari. Mutum wajen ashirin kan kujerun roba. Ya fara lafiya lau: birai, dogayen itatuwa, kibiya mai dafi, duk na talabijin. Sai wani tsoho ya tambaye shi wace wahala ce ta fi damun danginsa.

Nan na talabijin ya ƙare. Ya laluba cikinsa, abin da ya samu sai wahalar gidansu. Ya ce ƙishirwa. Ya ce mata kan yi sammako zuwa rijiya mai zurfin gaba arba'in, jaki ke jan guga. In damina ta makara kuma, gari kan fita fili gaba ɗaya, maza su juya rigunansu bai-bai, a yi roƙon ruwa, yara na kuka. Wannan kam da idonsa ya gani.

Mai karɓar kuɗi a shagon wata gajeriyar mace ce 'yar ƙasar Ekwado, haifaffiyar bakin kogin da ya yi iyaka da irin mutanen nan na talabijin. Ta ajiye abin da ke hannunta.

"Kai, a kurmi ake roƙon ruwa? Mu can wanki ba ya bushewa a igiya. Jakin kuma ta ina ya shiga?" Ta matso. "Waɗanda kake cin abinci da sunansu, masu saran katako na harbinsu, mura kaɗai na shafe musu gida guda. Ba su roƙi kowa komai ba sai a ƙyale su."

Mai shago ta yi ja har kunne don kunya. Ta ce ya kwashe kayansa, maganar teburi babu.

A cikin jirgin ƙasa Habsatou ta ce, "Malam, da labarin rijiyar nan ka kawo musu tun farko. Wallahi na ga wata tana share hawaye."

Ya yi tsaki. "Wa zai sayi talauci?"

Litinin ya koma bakin titi da ɗaurarriyar gwiwa. Yanzu turare yake sayarwa, wai na Dubai.