Uwar Sauro da Tayoyin Yayanta

'Yan unguwa ne suka raɗa mata Uwar Sauro, don kullum tana yawo da ludayi da kwalba, tana leƙa duk inda ruwa ya kwanta. Likita ce, amma ba ta zaman ɗakin duba marasa lafiya. Aikinta shi ne bin sawun cuta har inda ta fito. A bangon ofishinta akwai taswirar gari, kuma duk yaron da zazzaɓi ya kwantar, sai ta soka jar allura a kan layinsu.

A wata damina, alluran suka taru wuri guda. Ta san wurin sarai: filin yayanta ne, mai facin taya, wanda ya riƙe ta tun rasuwar mahaifinsu. Tsofaffin tayoyinsa na sayarwa suna jibge a fili, kowace da ruwan sama a cikinta.

Shugabanta ya ba ta shawarar ta tura wani. Ta ce, “Ranka ya daɗe, na shiga gidajen mutane ban ji kunya ba. Ba zan fara jin ta a gidanmu ba.”

Ta iske yayan yana cire ƙusa daga wata taya. Bayan gaisuwa ta zura ludayi cikin wata tayar da ke kusa, ta nuna masa tsutsotsin sauro suna wutsil-wutsil.

“Auta, dabbobin naki kika zo gaisarwa ko ni?”

“Ku duka, Yaya. Ko dai a yi wa tayoyin nan rumfa, ko a huda su ruwan ya tsiyaye.”

“Wa zai sayi hudaddiyar taya? A cikin tayoyin nan kika yi rarrafe, yau su ne abokan gabarki?”

“Shi ya sa na san inda ruwa yake ɓuya a cikinsu. Yaran layin nan suna kwance, Yaya.”

Ya juya mata baya. Ita kuwa ta naɗe hannun farar rigarta, ta shiga kifar da tayoyin ɗaya bayan ɗaya, maƙwabta suna kallo, har rigar ta koma baƙa.

Daga ranar ya daina amsa gaisuwarta. Abin ya ci mata rai, amma duk mako sai ta dawo ta gaishe shi, ta zubar da ruwan, ta tafi. A hankali jajayen alluran suka fara raguwa.

Kafin daminar ta ƙare, ta tarar da rumfar kwano a kan tayoyin.

“Kada ki ɗauka don ke ne,” in ji shi, kansa a sunkuye. “Rana ce ke tsattsaga mini roba.”

“Haka ne, Yaya.”

Duk da haka ta durƙusa, ta zura ludayinta cikin tayar da ke can ƙasa. Ya fito a bushe. Ta wuce zuwa taya ta gaba.