Ranar da Ɗana Ya Rufe Ƙanwarsa a Akwati

A wancan lokacin ni mace ce mai saurin hannu da ƙarancin sauraro. Daga Nijar na zo umra na zauna a Jidda babu iƙama, wato takardar izinin zama, ina aikatau a unguwar Sharafiyya, mijina kuma yana dako a tashar jiragen ruwa. 'Ya'yanmu biyu, namiji ɗan shekara bakwai da ƙanwarsa 'yar uku, a ɗakinmu na unguwar Karantina nake barinsu da talabijin. Gargaɗi ɗaya nake yi musu kullum: duk wanda ya ƙwanƙwasa ƙofa a yi tsit a ɓuya, kada masu kame su kwashe mu.

Akwai wani katun da yaron ya ƙwallafa rai a kansa, na wasu macizai masu fukafukai da aman wuta, tinnin yake ce musu. Ni da na ga zane ne sai na ce abin yara ne. Ashe mugun da ke ciki ba mai ƙaho da zare ido ba ne, dattijo ne mai fara'a, yana raba wa yara alewa yana lallaɓa su har su nuna masa kogon da 'ya'yan tinnin suke ɓoye, ya kama su ya sayar. Wane ne ya ce a ajiye wa ƙaramin yaro irin wannan makirci a gabansa? Har yau abin yana ƙona mini rai. Sau da yawa ya so ya ba ni labarin, sai Hausar ta kuɓuce masa ya koma Larabcin talabijin da ko rabinsa ba na ji, ni kuma a gajiye in daka masa tsawa in ce halas, wato ya isa haka, ya ƙyale ni.

Wata rana da azahar mijina ya aiko wani dattijo abokin aikinsa da cefane. Bawan Allah ya ƙwanƙwasa, ya kira yaran cikin raha, ya ce ya zo musu da alewa. Da bai ji motsi ba ya ba maƙwabciya saƙon ya tafi. Ina dawowa na tarar da ɗana zaune a kan akwatin ƙarfen da nake ajiye zannuwa. Na tambaye shi ƙanwarsa, ya nuna ƙarƙashinsa. Zafin Jidda, a cikin ƙarfe! Na ciro ta sharkaf da gumi, jiki a sake, ko kuka ba ta yi. Tsoron a tambaye ni takardar zama ya hana ni nufar asibiti, maƙwabta suka yi ta yayyafa mata ruwa suna fifita, Allah ya sa da sauran kwana. Na ɗaga hannu zan kwaɗa masa mari, sai ya ce mini da guntuwar Hausarsa ai ya yi abin da na ce, kuma bai nuna wa mutumin kogon ba. Hannuna da kansa ya sauka.

Iyaye, kada zane ya ruɗe ku. Ku zauna ku kalla tare da su, in kuma yaro ya fara ba ku labari, ko da wane yare ne, ku tsaya ku ji. Tsoron da na dasa masa, katun ɗin ne ya ba shi fuska, ni kuwa ban sani ba. Yau ɗan nan magidanci ne da gemunsa, amma in baƙo ya yi wa 'yarsa murmushi ya miƙa mata alewa, ina kallo zai jawo ta bayansa.